Ƙasusuwan Goronyo da 'Yar Kafinta Mai Guduma

Karatu: Ayuba 12:7-10, Ibraniyawa 6:10



Duk wanda ya taɓa fitowa aikin gayya ranar Asabar, ya saɓa buhun siminti a kafaɗa don ginin majami'a, ya san nauyinsa. Abin da yawancinmu ba mu sani ba shi ne, idan buhun nan daga Sakkwato ya fito, to abin da ke cikinsa ya taɓa kwanciya a ƙarƙashin teku. Masana'antar siminti ta Kalambaina da ke gefen birnin Sakkwato farin dutse take haƙowa tana ƙonawa, kuma dutsen cike yake da ɓawon katantanwa da na wasu ƙananan halittun ruwan gishiri. Yau kuwa, daga Sakkwato zuwa bakin teku tafiyar yini guda ce cur a mota, har da ɗoriya. To me ya kai katantanwar teku can?

Amsar za ta kai mu Goronyo. Daga Goronyo kuma za ta kai mu wani ɗan ƙaramin gari a Ingila, wurin wata matalauciya mai bin Yesu, wadda ta yi aiki da guduma da kwando sama da shekara 30, wasu suna cin sunan.

Tekun da ya ratsa Sahara

Masana ƙasa da duwatsu sun nuna cewa akwai lokacin da wani teku mara zurfi sosai ya malalo daga arewa, ya ratsa inda Aljeriya da Mali da Nijar suke a yau, har ya rufe ƙasar Sakkwato. Bisa lissafinsu, ya yi ta shigowa yana janyewa tsakanin shekara miliyan 100 da miliyan 50 da suka wuce. Duk lokacin da ya shigo sai ya bar shimfiɗar laka da yashi da ɓawon halittu, shimfiɗa a kan shimfiɗa, kamar an jera tabarmi. Masana sun raɗa wa waɗannan shimfiɗu sunayen garuruwan da aka fi ganinsu a fili: Taloka, Dukamaje, Wurno, Dange, Kalambaina. Ɗalibin da ke karanta ilimin duwatsun Afirka ta Yamma a ko'ina a duniya sai ya haddace sunayen nan.

Mu a Kano ba mu da wannan rabo. Birninmu yana zaune ne a kan tsohon dutse mai tauri wanda ba ya adana irin waɗannan abubuwa, shi ya sa mai haƙa rijiya a Rijiyar Lemo ko Fagge ba zai ci karo da haƙorin kifin teku ba. A ƙasar Sakkwato kuwa, a shimfiɗar Dukamaje, akwai haƙoran kifi, da ɓawon kunkuru, da ƙasusuwan manyan dabbobi masu jan ciki waɗanda duk sun koma dutse.

A zamanin Turawa an tattaro wasu daga cikin ƙasusuwan nan daga lardin Sakkwato aka aika da su Landan. A 1930 wani masani ɗan Sikotilan mai suna William Swinton, wanda ke aiki a babban gidan adana tarihin halittu na Landan, ya duba su. Guntaye ne kawai, yawancinsu gaɓoɓin ƙashin baya. Duk da haka ya gane cewa na wata dabbar teku ce daga cikin dangin da ake kira mosasaur, ya raɗa mata suna Mosasaurus nigeriensis. Dangin nan ƙadangarun teku ne, 'yan'uwan guza da damo da macizai, sai dai ƙafafunsu sun zama masu faɗi kamar filafilin kwalekwale, kuma a ruwa suke rayuwa, suna leƙowa sama su shaƙi iska.

Shekara 40 bayan haka, wajen 1970, wasu masana daga birnin Florence na Italiya, ƙarƙashin jagorancin Augusto Azzaroli, suka zo yankin Goronyo, garin da yau aka fi sani da madatsar ruwan kogin Rima. A can suka haƙo ƙoƙon kan dabbar, wanda tsawonsa ya haura rabin mita. Da suka duba sai suka ga ta bambanta da sauran danginta. Bakinta dogo ne siriri kamar na kada, haƙoranta suna sarƙewa da juna idan ta rufe baki, idanunta kuma ƙanana ne, abin da ya sa wasu masana ke ganin a cikin ruwa mai dagwalo take farauta. A 1972 suka ba ta sabon suna, Goronyosaurus, wato ƙadangaren Goronyo. A 1975 wani Bature mai suna Beverly Halstead ya bayyana wata kadar ruwan teku daga duwatsun yankin, ya kira ta Sokotosuchus, kadar Sakkwato. Daga cikin 'yan ƙasa, Farfesa Cornelius Kogbe ya yi shekaru yana nazarin shimfiɗun duwatsun Sakkwato yana rubutu a kansu.

Bari mu koma kan Swinton. Yaya mutum zai zauna a Landan, ya riƙe guntun ƙashin baya, ya ce wannan na ƙadangaren teku ne wanda ido bai taɓa gani da rai ba? Ya iya ne saboda fiye da shekara 100 kafin shi, wasu sun riga sun haƙo irin waɗannan dabbobin teku sukutum, daga hanci har wutsiya, aka jera ƙasusuwansu aka koyi karanta su. A cikin hannuwan da suka yi wannan aiki, da wuya a sami wanda ya kai na Mary Anning. Wasu daga cikin dabbobin da ta haƙo suna manne a bangon ginin da Swinton ya yi aiki a ciki, har yau.

'Yar kafinta

An haifi Mary Anning ran 21 ga Mayu 1799 a Lyme Regis, wani ƙaramin gari a bakin teku a kudancin Ingila. Mahaifinta Richard kafinta ne. Shi da matarsa Molly sun haifi 'ya'ya 10, biyu kacal suka girma, Mary da wanta Joseph. Ita ma da ƙyar ta sha. Tana da wata 15, wata maƙwabciya ta ɗauke ta suna tsaye a gindin itace tare da wasu mata biyu, sai aradu ta faɗo. Matan uku suka mutu nan take, jaririyar ta rayu.

Iyalin Anning ba 'yan ikkilisiyar gwamnati ba ne. Suna sujada ne a wata ƙaramar majami'a mai cin gashin kanta, kuma a wancan zamani doka ta tauye irin waɗannan masu bi. Ba a ba su digiri a jami'o'in Oxford da Cambridge, muƙaman gwamnati da dama kuma a rufe suke gare su. Saboda haka Mary ta tashi da katanga uku a gabanta: talauci, zamanta mace, da kuma majami'ar da take zuwa. Ba ta yi wata doguwar makaranta ba. A makarantar Lahadi ta koyi karatu da rubutu. Malaman makarantar Lahadi da ke karanta wannan, ku riƙe wannan magana.

Kusa da garin akwai dogayen gaɓoɓi na laka da dutse da suka tsaya a kan teku. Da hunturu, ruwan sama da igiyar ruwa sukan sa gaɓar ta zaftare, sai abubuwan da ke binne su fito fili. Kafintan yakan ɗauki 'ya'yansa su je su tsinto duwatsu masu siffar katantanwa, naɗaɗɗu kamar gammo, su kasa a kan tebur a ƙofar gida su sayar wa baƙi masu yawon shan iska. A Nuwamba 1810 ya rasu, bayan fama da tarin fuka da raunin da ya ji sa'ad da ya faɗo daga kan gaɓar. Ya bar musu bashi, har sai da suka koma karɓar taimakon da ake ba matalauta. Mary tana da shekara 11.

A 1811 Joseph ya ga wani ƙoƙon kai mai tsawon ƙafa 4 a jikin gaɓar. Bayan watanni, Mary ta gano sauran gangar jikin, tsawonta kusan ƙafa 17. Mutanen gari suka ce kada ce. Ba kada ba ce. Dabba ce mai siffar kifi, da dogon baki da manyan idanu, wadda daga baya aka raɗa wa suna Ichthyosaurus, wato kifi-ƙadangare. Wani mai gonaki a yankin ya saye ta a kan fam 23. Daga 1814 wani babban likita a Landan, Everard Home, ya fara wallafa rubuce-rubuce a kanta. Bai ambaci yaran da suka haƙo ta ba.

Kura da shan bugu

Aikin ba na wasa ba ne. Lokacin da gaɓar ta fi zaftarewa, lokacin ne ya fi kyau a fita, domin idan aka yi jinkiri teku zai wanke abin da ya fito. Dole kuma a lura da cikar teku, don idan ruwa ya dawo mutum yana gindin gaɓa, babu hanyar tsira. A 1833 ƙasa ta zaftare ta binne karenta Tray a gaban idonta, ita kuma ta tsira da ƙyar. Bayan ta haƙo, sai ta kai gida ta yi makonni tana ƙwaƙule dutsen daga jikin ƙashi a hankali, kada ta ɓata ko guntu. Takan ari rubuce-rubucen masana ta kwafe su da hannu har da zanen da ke ciki. Takan feɗe kifin da masunta suka kamo don ta kwatanta ƙasusuwansa da na cikin dutse.

Talauci bai sake su da wuri ba. A 1820 wani mai sayen kayansu, Thomas Birch, ya ga sun kai ga sayar da kayan ɗaki don biyan kuɗin haya. Sai ya yi gwanjon abin da ya tara domin ya taimake su, aka sami fam 400.

A Disamba 1823 Mary ta haƙo abin da ya girgiza masana. Dabba ce mai ɗan ƙaramin kai, da wuya mai tsawon gaske, da ƙafafu huɗu masu kama da filafili. Ita ce cikakkiyar Plesiosaurus ta farko da aka samu. Da zanen ya kai hannun Georges Cuvier na Faransa, wanda a lokacin babu kamarsa a sanin ƙasusuwan dabbobi, ya yi zargin cewa haɗi aka yi, domin bai taɓa ganin dabba mai jan ciki da yawan gaɓoɓin wuya haka ba. Da zargin ya tabbata, da kasuwancin iyalin ya mutu, domin amana ce jarinsu. Aka bincika aka ga babu algus, Cuvier kuma ya amince ya yi kuskure. Amma da aka gabatar da dabbar a gaban ƙungiyar masana duwatsu ta Landan a 1824, William Conybeare ne ya yi jawabi, bai kuwa kira sunanta ba. Ko da ta so halarta, ƙungiyar ba ta karɓar mata. Sai bayan shekaru da yawa ta fara.

A 1826 ta tara abin da ya isa ta sayi gida mai shago. A 1828 ta haƙo wata dabba mai jan ciki mai fukafukai, ta farko da aka samu a wajen ƙasar Jamus. Ita ce kuma ta lura cewa wasu duwatsu masu murɗe da ake yawan samu a cikin cikin kifi-ƙadangare, idan an fasa su akwai ƙayar kifi da ɓawonsa a ciki. Daga nan aka gane kashin dabbobin ne ya koma dutse, aka kuma sami hanyar sanin abin da suke ci. Masana daga ƙasashen Turai suka yi ta zuwa shagonta suna tambaya, a 1844 har Sarkin Saxony na ƙasar Jamus ya leƙo. Sai su koma gida su rubuta littattafai. Hausawa sun ce kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

Kada mu ɗauka abin bai yi mata ciwo ba. Wata budurwa mai suna Anna Pinney da ke raka ta bakin teku ta rubuta cewa Mary takan yi ƙorafi, tana cewa masu ilimi sun tatsi saninta sun yi suna, ita ba ta ga amfanin ba. Duk da haka, washegari takan ɗauki gudumarta.

Ba duka ne suka manta da ita ba. A 1830 abokinta tun na ƙuruciya, Henry De la Beche, ya zana hoton yadda tekun dā yake da dabbobin da ta haƙo, aka buga aka sayar, aka ba ta kuɗin. A 1835 ta yi asarar kusan duk abin da ta tara, wajen fam 300, a wani jari da ya rushe. William Buckland, wanda masani ne kuma limamin ikkilisiya, ya yi tsaye har aka yanka mata fam 25 a kowace shekara. Ta rasu ran 9 ga Maris 1847, tana da shekara 47, bayan jinyar sankarar mama.

Ƙasusuwa da bangaskiya

Wani ɗalibi zai ce, to ina maganar miliyoyin shekaru, ga kuma kwana shida na Littafin Farawa? Tambayar ta girme mu. A zamanin Mary, abin da ya fi tayar wa mutane hankali shi ne a ce wani jinsin halitta ya ƙare ƙaf daga duniya. Wasu suna ganin Allah ba zai bar abin da ya yi ya shuɗe ba, suna cewa wataƙila dabbobin suna ɓoye a wani lungun teku. Ƙasusuwan da Mary ta yi ta fitowa da su suna cikin abin da ya sa aka yarda cewa lalle akwai halittun da suka rayu suka shuɗe.

Faston iyalinsu, James Wheaton, ya rubuta maƙala biyu a wata mujallar masu bi, kuma Mary ta adana kundin mujallar a matsayin abu mai daraja. A ɗaya ya dage cewa Allah ya yi duniya cikin kwana shida. A ɗayar ya ƙarfafa masu bi su karanci ilimin duwatsu. Conybeare da Buckland kuwa, dukansu limaman ikkilisiya ne, kuma sun karɓi cewa duniya ta daɗe ƙwarai. Har yau masu bi na gaskiya sun bambanta a kan yadda za a fahimci kwanakin nan, kuma ya kamata mu tattauna wannan da fastocinmu cikin natsuwa. Abin lura shi ne, babu ko ɗaya daga cikin mutanen nan da ya ce a mayar da ƙashin a binne. Farawa 1:21 ta lissafta manyan halittun teku cikin aikin hannun Allah. A Ayuba 12, Ayuba ya tura abokansa su tambayi dabbobi da ƙasa da kifaye su koya musu. Bangaskiyar da sai an rufe mata ido take tsayawa, ƙafarta ba ta da ƙarfi. Mary ta yi rayuwarta tana duban ƙasusuwan nan da ido biyu, ta kuma ci gaba da sujada har ƙarshe. Wajen 1830 ta koma ikkilisiyar Angilika ta garinsu, a farfajiyarta kuma aka binne ta.

Abin da ya rage mana

A 1850 aka sa wata taga mai gilashi kala-kala a majami'ar St Michael ta Lyme Regis don tunawa da ita, da gudummawar wasu daga cikin 'yan ƙungiyar nan da ba ta karɓe ta ba. Babu hoton kifi-ƙadangare a jikin tagar. Hoton ayyukan jinƙai shida ne, irin waɗanda Yesu ya lissafta a Matiyu 25: ciyar da mayunwaci, shayar da mai ƙishi, tufatar da mai tsiraici, saukar da baƙo, ziyarar mara lafiya da ta ɗan kurkuku. Abin da aka zaɓa a tuna ta da shi a gidan Allah ke nan. Duniya ta biyo baya a makare. A 2010 babbar ƙungiyar masana kimiyya ta Birtaniya ta sa ta cikin mata 10 na ƙasar da suka fi tasiri a tarihin kimiyya, a 2022 kuma aka kafa mutum-mutuminta a garinsu, shekara 175 bayan rasuwarta.

A cikinmu akwai masu ɗinki a shagon wani, da masu gyaran waya a kasuwar Sabon Gari, da masu koyar da yara a makarantar da ba ta biya a kan lokaci. Akwai wanda ya yi aikin, maigidansa ya karɓi yabon. Akwai wadda aka tsallake saboda mace ce, ko saboda sunanta ya nuna inda take sujada. Ibraniyawa 6:10 ta tabbatar mana cewa Allah mai adalci ne, aikin da aka yi da ƙaunar da aka nuna saboda sunansa ba sa ɓace masa. Mary ba ta taɓa jin sunan Goronyo ba. Amma ilimin da ta taimaka aka gina da gudumarta, shi ne ya zo ya karanta ƙasusuwan ƙasarmu.

Wannan alkawari ba lasisi ba ne ga mai danne haƙƙin wani. Conybeare limami ne, ya san Maganar Allah, duk da haka ya tsaya gaban taro ya yi shiru a kan sunan yarinyar. Mu ma muna iya yin haka. Idan taron matasa ya yi kyau, wa ake kira gaba a tafa masa? Wa ya share majami'a tun asuba, wa ya jera kujeru, wa ya tsaya a bakin murhu? A wannan mako, kowa ya nemi mutum ɗaya da ya yi aikin da ba a gani, ya kira sunansa a gaban jama'a ya gode masa.

Ga ɗalibanmu kuma, duwatsun Dukamaje da Wurno suna nan, a cikin ƙasarmu. Ana koyar da ilimin duwatsu a Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya da Jami'ar Bayero a nan Kano. Waɗanda suka fara binciken ƙadangaren Goronyo mutanen Landan ne da na Italiya. Babu abin da ya hana suna na gaba ya zama na wata yarinya da ta koyi karatu a makarantar Lahadi a Sabon Gari.

Mu yi addu'a. Ya Ubangiji Allah, kai ka yi teku da abin da ke cikinsa, wanda muka gani da wanda ya shuɗe kafin mu. Ka ba mu zuciyar yin aiki da aminci ko babu mai yabo. Ka warkar da waɗanda aka danne wa haƙƙi, ka kuma tsare mu daga danne na wani. Ka buɗe idanun ɗalibanmu su dubi aikin hannunka ba tare da tsoro ba. Mun roƙa cikin sunan Yesu Almasihu. Amin.